Dodon da Ya Ƙi Faɗuwa

Ana sako tallar sabulu Noreen ta tuɓe matatar taliyar da aka kifa mata a ka a matsayin hular dodon sama jannati, ta ja saurayinta Clarrie bayan kumbon kwali. A lokacin kai tsaye ake yin wasan a talabijin, babu gyara, don haka duk birnin Melbourne ya ga abin da Noreen ta gani.

"Sumbar nan tana cikin rubutun wasan?"

Clarrie, mai fitowa a kyaftin, ya sosa ƙeya. "Glenys ce ta manta maganarta. Sai mu tsaya kamar gumaka?"

"Ni ma ina mantuwa ai. Ban ga an taɓa ceto na haka ba."

"Haba Noreen, ke fa dodo ce."

Can gefe Glenys, Sarauniyar Wata, tana gyara kambinta tana satar kallonsu. Noreen ta juya za ta wuce.

"Daga yau ka nemi wani dodon."

Ya riƙo hannunta, muryarsa ta yi ƙasa. "Ki aure ni. Tun Kirsimeti nake son faɗa, tsoro nake ji."

"Da jan-bakinta a bakinka kake tambaya ta?"

Kafin ya amsa aka kira su, fitilar kyamara ta kama. A tsarin wasan nan ne zai harbe ta ta faɗi. Ya ɗaga bindigar roba ya harba. Tana tsaye ƙyam.

"Goge bakinka tukuna, Kyaftin."

'Yan kallo suka kwashe da dariya. Clarrie bai yi ba. Ya sa hannun riga ya goge sosai, idonsa cikin nata. Sannan ta faɗi.