Makulli a Ƙarƙashin Ruwa

Ran da aka maido da sabis a Goronyo, wayarta ta yi ƙara sau ɗaya. Saƙo ne daga mijinta, wanda ya turo tun makonni uku daga tudun da ake hawa neman sabis. Ta danna, ta sake dannawa, ya ƙi buɗewa.

Ta yafa mayafi ta nufi rumfar mai gyaran waya a bakin kasuwa.

"Ɗana, mi ya hana shi buɗewa?"

"Inna, a kulle ya taho," in ji mai gyaran. "Kowane saƙo da makullinai, kuma waya biyu kaɗai ke da shi, taki da ta mai aikowa. Kin canza waya?"

Ta canza. Tsohuwar ta lalace lokacin da babu sabis, ta bar wa yara suna wasa da ita.

"To, makullin ya tahi da ita. Amma kada ki damu. In wayatai ta kama sabis, ko na minti guda, za ta turo sabo. Ki ce mishi ya kunna ta."

Ta yi godiya, ta bi bakin magudanar ruwa har dam, babbar madatsar ruwan garin.

Kwana ashirin ke nan da kifewar kwalekwalen da ya ɗauko mijinta da albasarsa a wannan ruwan. Masunta sun tsamo buhunan, ba su tsamo shi ba. Wayar tana aljihunsa.

Ta ɗaga tata bisa ruwan, yadda ake yi in ana neman sabis, ta yi ta jira.