Sunana a Takardar Malam Na'inna

Har yau a gidanmu cewa ake tsoron aljanu ne ya sa ni kuka ran nan. Ba haka ba ne.

Ina shekara takwas, shekarar da soja suka miƙa mulki, kakana Alhaji ya buɗe gafaka a zaurenmu na Ƙofar Kwaya bayan la'asar. Takardar kakansa ce a ciki, Malam Na'inna, wanda aka ce ya rubuta sunayen zuri'arsa tun ba a haife su ba, kuma duk wanda ya tsallake sunansa ba ya daɗewa a duniya.

Aka ga sunan yayata nan da nan. Nawa kuwa, yatsan Alhaji ya sauka har ƙasa, ya sake hawa. Warin tsohuwar fata ya cika mini hanci. Na fashe da kuka.

"Ga ki nan, amaryata, rufe mini baki," in ji shi.

Amma na ga inda ya danne. Rami ne, gara ta cinye wurin.

Alhaji ya rasu, gafakar tana hannun Kawu. Kullum zazzaɓi ya kama ni sai na tuna ramin nan. Na gaji. Ranar Juma'a zan sa Kawu ya buɗe ta, in duba da idona.