Tsohuwar da ke Raba Kofi a Gidan Dakta

Littafin ya kai shafi ɗari bakwai, kuma marubucinsa, Dakta Anselmo Villarreal, ya dage sai ya karanta wa baƙinsa babin farko kaf kafin a taɓa abinci.

Nohemí Cassiani, 'yar jarida, ta rakuɓe a kujerar baya tana fifita da katin gayyata. Manyan birnin Cartagena sun cika tsakar gidan, har da gwamna, kowa na gyaɗa kai a inda ya dace. Dakta ya kwararo bayanin yadda jiragen Sifaniyawa suka riƙa sauke bayi a bakin ruwan garin, da yadda aka sha fama kafin a 'yanta su. Da ya iso kan matan da aka raba da 'ya'yansu, muryarsa ta yi rawa, ya zaro hankici. A bango kuwa hotunan ubansa da kakansa ne, farare sol, jinin Sifaniyawan birnin Sevilla da yake cewa bai taɓa gauraya ba.

"Tomasa! Kofi!" ya ce, ko waiwayawa bai yi ba.

Wata tsohuwa baƙa ta fito da faranti tana jan ƙafa. Ta ajiye masa kofi, ta gyara masa wuyan riga, ta koma.

Nohemí ta bi ta kicin, ta tarar tana soya ayaba.

"Sannu da aiki, Iya. Kin daɗe a gidan nan?"

"Shekara hamsin da bakwai ina wanke masa kaya, 'yar nan."

"Yana dai biyan ki da kyau?"

Tsohuwa ta yi dariya har da tari. "Biya? Ni?"

Ta ce ɗakinta na bayan kicin, ba taga. Coci ma ita kaɗai take zuwa, da sassafe, ta ƙofar baya. Nohemí ta ji zuciyarta na tafasa, don kakanninta ma a cikin irin jiragen nan aka kawo su. Ta koma tsakar gida daidai lokacin da ake tafi.

"Dakta, tambaya ɗaya. A wane shafi ka rubuta labarin baiwar da ke kicin ɗinka? Shekara hamsin da bakwai, ba lada ba hutu. Ko dokar 'yanta bayi ba ta iso gidan nan ba tukuna?"

Gumi ya karyo wa Dakta. Ya dubi gwamna, ya dubi ƙofar kicin.

"Gaskiya ne," ya ce daga ƙarshe. "Mai aiki ce da na gada. Na yi sakaci."

Gwamna ya miƙe, sauran suka bi shi ɗaya bayan ɗaya. Kafin a jima babu kowa sai kujeru da tulin littattafai.

Nohemí ta koma kicin tana haki, kanun labarin gobe sun riga sun zauna a kanta.

"Haɗa kayanki, Iya. Ya amsa da bakinsa a gaban kowa. Yau kin fita daga gidan nan."

Tsohuwa ta kashe wuta, ta goge hannu a jikin siket a hankali.

"Na ji shi, 'yar nan," ta ce. "Gara masa duk gari su ce yana da baiwa, da su ji cewa ni na haife shi."