Lambar Direban Bas

Tun da motoci suka fara tuƙa kansu a kan kwalta, hanyoyin daji kaɗai aka bar wa direbobi irin su Malam Jatau. Hakan bai dame shi ba, don shi da jar ƙasa sun daɗe da sabawa.

Ranar Laraba da hantsi bas ɗinsa ta yi karo da tarakta a bakin wata gonar rake. Fasinjoji ko ƙwarzane babu, shi ne dai wuyan hannunsa na dama ya kumbura. Ya taka zuwa asibitin ƙauyen da ke kusa, inda doka ta hana a taɓa majinyaci sai na'ura ta ba ciwonsa lamba.

"Baba, a kan titi ne ko a daji?" in ji Talatu, ma'aikaciyar jinya.

"A daji, 'yata."

"Kai ke tuƙi? Da hannunka?"

"To, da na wa?" Ya yi dariya.

Na'urar ta daɗe tana lalube kafin ta fito da 'yar takarda.

"Targaɗe ne kawai," in ji Talatu. "Amma ta ce shekara shida rabon da a nemi lambar ciwon direban bas. Baɗi za a goge ta."

"In na sake zuwa bayan nan fa?"

Talatu ta ajiye takardar. Ta shafa masa magani, ta ɗaure hannun a hankali.

Ya yi godiya, ya koma ya tarar fasinjojinsa suna shan rake a inuwa, har sun ajiye masa nasa. Ya karɓa, ya tada mota da hannun hagu.