Rijiyar Mato

Tun da lokaci ya fara juyi, mutanen Kurmin Gayya kan wayi gari su tarar rayuwarsu ta baya ta canza. Abin da aka shafa wa ƙaron tsayau ne kaɗai ke zama yadda yake, kuma cokali ɗaya ake ba kowane gida a shekara.

Mato mai haƙar rijiya ya raba nasa biyu. Rabi ya shafa a goshin 'yarsa Lantana, rabi a bakin rijiyar da ya yi wata bakwai yana haƙa wa unguwa. Bai rage wa kansa ko ɗigo ba.

Juyin ya zo ranar Laraba. Lantana ta farka a gidan gwaggonta, inda kowa ke cewa marainiya ce tun tana goye. Ita kuwa ba ta manta komai ba. Ta ɗauki tulu ta fita. Rijiyar tana nan, mata sun kewaye ta.

Tana jan guga sai wani mai tallan goro ya tsaya roƙon ruwa. Mato ne, amma tafin hannunsa sumul, babu kanta.

Ya sha, ya leƙa ciki, ya daɗe yana duban jerin duwatsun.

"'Yammata, wa ya haƙa wannan? Hannunsa ya san aiki."

"Babana ne," in ji ta. "Shi kaɗai, zurfin gaba ashirin da biyu."

"Allah ya saka masa. Kin yi uba."

"Na yi kuwa, Baba," ta ce, ta sake cika masa ƙwaryar har baki.