Cinikin Shagon Zlatka

Cikin shekara guda Zlatka ta rasa mijinta Mincho, ta rasa rabin matan da ke zuwa shagonta, ta rasa ƙarfin wuyan hannunta na dama. Abin da ta samu bai wuce baƙar rigar makoki ba, sai mai son sayen shagon.

Shekara talatin da huɗu ke nan tana cire wa matan garin gashin mara a ɗakin da Mincho ya gina ƙarƙashin benensu, taku kaɗan daga bakin teku. Sukari take dafawa da lemon tsami har ya yi danƙo, ta shafa, ta fizge. Sunanta kawai ta iya rubutawa, shi ma da ƙyar. Amma mace ta faɗi salon da take so, to Zlatka ta gama karanta ta.

Mai cewa a gyara gefe kawai, iyakar inda kamfan wanka ya tsaya, don idon mutanen bakin ruwa take yi. Babu mai dubawa a gida. Mai cewa a kwashe duka, irin na Brazil, ko dai a waya ta gani, ko tsoro take kada a gudu a bar ta. Irin waɗannan Zlatka ta fi rainawa. Su kwanta suna cije-cije, su tashi kamar kazar da aka fige, har da godiya. Na Faransa kuwa, da ake barin ɗan siririn layi a tsakiya, na mace ne mai mai-kallo, wadda ta san ranar zuwansa. Salon nan kaɗai Mincho ya taɓa yabawa, wata rana yana ɗinkin komar kifi da hannunsa na hagu, shi da ko leƙen shagon ba ya yi.

Nevena mai kantin magani 'yar layin Faransa ce. Ba ta taɓa aure ba. 'Yarta Ralitsa, an ce wani baƙo ne uban, ya zo hutu ya wuce. Duk Talatar farkon wata sai Nevena ta zo da ƙamshin turarenta da hancinta a sama. Zlatka ba ta manta ranar, don washegari Mincho ke tafiya birnin Burgas sayen kayan injin jirgin ruwa, ya kwana can.

Da zuciyarsa ta tsaya, 'yan'uwansa suka bar gemu, mata suka ajiye almakashi. Na gida ba ya taɓa gashin jikinsa sai an yi arba'in. Zlatka dai ta buɗe shago ranar tara, don makoki ba ya dafa wake. Talata ta zo ta wuce, babu Nevena. A shekara ashirin da shida ba ta taɓa fashi ba.

Washegarin arba'in, bayan an raba dafaffiyar alkama a kan kabari, Nevena ta shigo, wai mura ce ta kwantar da ita. Ta hau gado ta ce a gyara gefe kawai. Zlatka ta dubi abin da ya tsiro. Ta shafa danƙo. Ta dai fizge a hankali, yadda ta san ya fi zafi.

A kan gadon nan Nevena ta kawo maganar sayen shagon. Ralitsa ta gama koyon sana'a a birnin Sofiya, tana neman ɗakin da za ta kafa injin da ke ƙone saiwar gashi da haske. Zlatka ta taɓe baki. Sana'ar da ke sallamar mai zuwa har abada, ai sai 'yan boko. Amma hannu ya gaji, kuma duk garin babu wanda ya taya ko sisi.

Nevena ta taya dubu arba'in na lev, kuɗin ƙasar. Zlatka ta ce sittin.

"Haba Zlatka, sittin? Ko a Burgas ba a sayar da ɗaki haka."

"To tafi Burgas ɗin. Kin san hanya."

Aka kwashe wata huɗu ana ja. Arba'in da biyar, Zlatka ta ce ko tukunyar sukarin ba za ta bayar ba. Hamsin, ta ce a gaishe da mutan gida. Ralitsa ta zo da kanta duba wurin, doguwa, mai faɗin kafaɗa, tana auna bango taƙi-taƙi da hannun hagu.

"Gwaggo, bangon nan fa ya sha gishiri."

"Zai kai ki tsufa," in ji Zlatka, ta fita waje ta bar mata ɗakin.

Nevena ta sayar da motarta. Ta sayar da gonar inabin da uwarta ta bar mata. Zlatka tana jin labari wurin masu zuwa gyara, tana cuɗa danƙonta, ko a jikinta. Ranar da Nevena ta zo a ƙafa cikin ruwan sama ta ce ta amince da sittin, Zlatka ko kujera ba ta ba ta ba.

Suka haɗu a ofishin lauya. Ya ɗauko takarda, Zlatka ta ce ya karanta da ƙarfi, ita ba ta sa hannu a abin da kunnenta bai ji ba. Da ya kai kan kuɗi ta tsayar da shi. Ta ce ya goge, ya rubuta talatin. Lauya ya cire tabarau. Ralitsa ta dubi uwarta.

Nevena ta miƙe, fuskarta ta yi fari fat. "Wata huɗu kina wahalar da ni, yanzu kuma sadaka? Ba na so."

Zlatka ta dube ta sama da ƙasa, irin kallon wadda ta ga abin da riga ke rufewa.

"Ke wa zai ba sadaka? So nake ki sayar da komai ki zo a ƙafa, kin kuwa zo. Zauna." Ta jawo takardar gabanta. "Dubu talatin na karɓa, kuɗin rabona ke nan. Ɗaya rabin ba nawa ba ne balle in sayar. Na yarinyar ne, gadon ubanta."