Hular Baba a Silima

Ina yaro, lokacin da arzikin mai ya kawo Baba karatu Landan, ya kai ni silima wata Asabar da la'asar. Fim ɗin sojojin Sin ne na zamanin da, masu gadin ganuwa. Wani soja na tsaye shi kaɗai, ƙanƙara na zubar masa, ya ƙi sauka.

Sai Baturen bayanmu ya dunguri doguwar hular Baba, wai ta tare masa, a cire.

Baba ya zame cikin kujera har gwiwarsa ta tokare ta gaba. Ya raɗa mini, "Hanya na ba shi. Hula kam tana nan."

A tanƙware ya gama kallon.

Har yau da hula nake shiga ofis. Wanda ta tare wa, ya leƙa ta gefe.